Yaron da Ya Kai Iyayensa Ƙara



Duk mai sauraron Bishara ya san sunan Kafarnahum, garin nan na bakin Tekun Galili inda Ubangijinmu Yesu ya zauna bayan ya bar Nazarat. A shekarar 2018 wata mata 'yar ƙasar Labanon, Nadine Labaki, ta sa wa fim ɗinta na harshen Larabci wannan suna, har ya sami lambar yabo a bikin finafinai na Kan a ƙasar Faransa. Ba al'adarmu ba ce mu yi zancen sinima a wannan shafi, amma fim ɗin nan ya ta da tambayar da ba za mu iya kauce mata ba.

Labarin wani yaro ne mai suna Zain, a unguwar matalauta ta birnin Beirut. Ba shi da takardar haihuwa, iyayensa ma ba su riƙe ranar da suka haife shi ba, sai da likita ya duba haƙoransa ya ƙiyasta masa shekara 12. Da aka aurar da ƙanwarsa tana 'yar shekara 11, sai ya gudu daga gida. Wata baƙuwa 'yar Habasha marar takardun zama ta karɓe shi. Da aka kama ta, shi ne ya zama uwa da uba ga jaririnta, yana jansa cikin tukunya a titi yana neman abin da za su ci. Ƙanwar ta mutu da ciki, ya soki mijin da wuƙa, aka ɗaure shi. Daga kurkuku ne ya kai iyayensa ƙara gaban alƙali, laifinsu kuwa shi ne sun haife shi.

Yaron da ya fito a matsayin Zain ɗan gudun hijira ne na gaske. An haife shi a Dar'a ta ƙasar Siriya, inda rikicin ƙasar ya soma a 2011, iyayensa suka tsere da shi zuwa Labanon a 2012. Kafin ƙarshen 2014 mutanen Siriya da aka rubuta sunayensu a wannan ƙaramar ƙasa sun wuce miliyan 1. Ba a nuna fagen fama a fim ɗin ba. Ana dai ganin yara suna wasan yaƙi da bindigogin katako, ana kuma ganin idon yaron da ya tsufa tun bai yi gemu ba.

Wataƙila wani zai ce maganar yaron nan saɓo ce, tun da yake rai kyautar Allah ne. Hakika kyautar Allah ne. Amma mu tuna Ayuba, mutumin kirki, ya la'anci ranar haihuwarsa, annabi Irmiya ma haka ya yi, Ruhu Mai Tsarki kuwa bai share kukansu daga Littafi ba. Abokan Ayuba sun zauna tare da shi a ƙasa kwana bakwai ba su ce uffan ba. A ganinmu wannan ne mafi alherin abin da suka yi masa, gama da suka buɗe baki suna yi masa wa'azi, Allah ya yi fushi da su.

A Kafarnahum ɗin ne kuma, cikin gida, bayan almajirai sun yi gardama a hanya a kan wane ne babba, Yesu ya ɗauki ƙaramin yaro ya tsai da shi a tsakiyarsu, ya rungume shi, ya sanar da su cewa karɓar irin wannan yaro da sunansa karɓarsa ce shi kansa (Markus 9:33-37). Mai faɗar haka ya san hijira, domin da dare Yusufu ya gudu da shi da Uwarsa Maryamu zuwa Masar saboda takobin Hirudus.

Ba sai mun je Beirut ba. A 2014 harabar babban cocin Santa Teresa a Yola ta cika da waɗanda suka tsere wa Boko Haram, yaran waɗanda aka raba da gidajensu kuma suna zaune a ajujuwan katikisma namu. Akwai mai farkawa da ihu tsakar dare, akwai mai fitsarin kwance bayan ya girma, akwai wanda ƙarar babur kan sa ya ɓuya, akwai wadda ta daina magana. Mukan ce taurin kai ne ko iska, mu ɗauko bulala. Muna roƙon iyaye da malamai da katikis su ajiye bulalar nan, su zauna su saurara, wanda ciwonsa ya yi tsanani kuma a kai shi asibiti, addu'a tana biye da shi. Zumuntar Mata su bincika yaran da ba su da takardar haihuwa a unguwanninsu, Kirista ko Musulmi, a raka masu riƙonsu ofishin rajista. Mutum 12 da Paparoma Faransis ya ɗauko daga tsibirin Lesbos zuwa Roma a 2016 duka Musulmin Siriya ne, shida daga cikinsu yara.

Zain da iyayensa sun sami mafaka a ƙasar Nowe a 2018, ya shiga makaranta. Saboda waɗanda ba a yi fim da su ba, ranar 28 ga Disamba, idin Jarirai Marasa Laifi na Baitalami, kowane gida ya kawo wa Fada sunan yaro guda da ya sani, a ambace shi a Misa.