Kwalbar Da Aka Toshe Da Amanar Tafkin Madarunfa

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa. Bayan haka:

Ya ƴan'uwa Musulmi, wasu hotuna suna yawo a wayoyin ƴaƴanmu: kwalba rufaffiya mai haskaka kanta, a cikinta ga ɗan kurmi, ga ƙorama, ga tsuntsaye. Kwamfuta ce ta zana su, amma abin da suke kwaɗaita wa zuciya tsohon buri ne, wato mutum ya mallaki ƴar duniyarsa, ya toshe bakinta, kada damuwar kowa ta shafe shi. Shin wannan mai yiwuwa ne? In kuwa ya yiwu, ya dace da mumini?

An jarraba abin a zahiri. Wani mutumin Ingila ya shuka tsiro cikin babbar kwalba a 1960, ya yi masa ban-ruwa na ƙarshe a 1972, ya toshe ta, tsiron kuwa ya rayu shekaru da dama. Ruwan da ganye ya fitar yakan taru a jikin gilashi ya koma ƙasa, ganyen da ya faɗi ya ruɓe ya zama taki. To amma hasken da ke tafiyar da wannan duka daga waje yake zuwa; da za a ajiye kwalbar cikin duhu, da tsiron ya mutu.

A jihar Arizona ta Amurka kuma, an rufe mutum 8 cikin wani ƙaton gidan gilashi mai suna Biosphere 2, daga 1991 zuwa 1993, domin su rayu da gonarsu da iskarsu. Iskar oksijin ta sauko daga wajen kashi 21 cikin 100 zuwa wajen kashi 14, har sai da aka ɗura musu wata daga waje. Yawancin ƙwarin da ke baran fure suka mace, tururuwa da kyankyasai suka yi yawa. Dukiya da ilimi ba su sa wannan gida ya wadatu da kansa ba, domin wadatuwa da kai siffa ce ta Mahalicci shi kaɗai.

Mu dawo gida. Tafkin Madarunfa ba rufaffe ba ne. Gulbin Maraɗi da ke ba shi ruwa daga ƙasar Katsina yake gangarowa, kuma madatsar ruwa ta Jibiya tana kan hanyarsa. Shi ya sa Nijar da Nijeriya suka ƙulla yarjejeniyar rabon ruwa a Maiduguri a 1990. In gwamnatoci sun yarda cewa ruwan ba na mutum ɗaya ba ne, ina ga mu da muke zaune a bakinsa?

Wanda ya sare itatuwan bakin gulbi ya buɗe wa rairayi hanyar cike tafki. Masuncin da ya jefa taru mai ƙananan idanu ya kwashe ƴaƴan kifi, ya cinye rabon baɗi. Wanda ya share gidansa tas, ya zubar da leda a magudana, ya killace tasa kwalbar, ya gurɓata ta jama'a. Kowannensu yana ganin bai taɓa kowa ba, alhali haƙƙin maƙwabci da na jikoki yana wuyansa.

Akwai abin koyi a cikinmu. Tun shekarun 1980 manoman Maraɗi suka rungumi sassaben zamani, suna barin tohon gawo da kalgo su girma a gonaki, kuma inuwar da takin sun amfani har wanda bai sha wahalar renonsu ba.

Saboda haka muna kira ga limamai, da Sarkin Ruwa da masuntansa, da masu lambu, da su zauna su tsayar da ƙa'idar taru da ta saran itace, mu kuma mu kiyaye ta. Allah Ya ba mu ikon riƙon amana, amin.

Wassalamu alaikum wa rahmatullah.