Lugu da Sarauniyar Takarda

Garin da aka ci wa mutunci a littafi ya san abin yi: ya musanta, ya yi tir da marubucin. To, wanda aka yaba fa, amma da kamannin da ba nasa ba? Wannan ce tsaka-mai-wuyar Lugu, ƙauyen Azna a ƙasar Dogon Dutsi, cikin dangin Arawan da muke maƙwabtaka da su a nan Kabi.

A watan Afrilun 1899 rundunar Faransa ƙarƙashin Voulet da Chanoine ta auka wa Lugu, mutanensa suka yi turjiya, sannan suka shige daji. A 1980 Abdoulaye Mamani ya buga littafinsa, Sarraounia, inda Sarauniya Mangu ta fito jarumar fagen fama mai jan dakaru. Med Hondo ya mayar da shi fim a 1986, a Burkina Faso ma aka ɗauka.

A bakin dattawan Lugu kuwa, Sarauniya muƙami ne na addinin gargajiya da mata ke riƙewa, wata bayan wata. Mai shi tana killace a ɗakinta, kuma ƙarfinta na asiri ne, ba na kwari da baka ba.

Mamani yana da hujja. Ɗan Sawaba ne da ya sha gudun hijira, ya kuma ga ƙasarsa na neman gwarzon da ya ce wa Bature a'a. Ba don alƙalaminsa ba, da ƙila sunan Lugu ya maƙale a kundin sojan Faransa. Ƙirƙira kuwa sana'ar mai ƙagaggen labari ce, ba wanda zai kama shi da ita.

Duk da haka ina ganin ƙauyen na bin sa bashi. Da Faransanci ya yi rubutun, harshen waɗanda suka ƙone garin, don haka akasarin masu labarin sai dai a ba su labarinsu. Ƙasa ta ɗauki turjiyar ta yi ado da ita, ta kau da kai daga addinin da ya haife ta, domin tana jin kunyarsa. Baƙon da ya karanta littafin ya je Lugu, ya tarar da tsohuwa a ɗaki, ita zai ga ta gaza, ba littafin ba. A Yamai har gidan rediyo da talabijin aka raɗa wa sunan, kuma ta takardar ake nufi.