Zanen Waye: Na Mutum Ko Na Na'ura?

A shekarar 1963, Ivan Sutherland, ɗalibi a cibiyar MIT ta Amurka, ya ƙirƙiro Sketchpad, manhajar da ta ba mutum damar yin zane a fuskar kwamfuta da alƙalami mai haske. Shekara guda bayan haka, Michael Noll na ɗakin binciken Bell ya umarci kwamfuta ta kwaikwayi wani zane da Piet Mondrian, ɗan ƙasar Holan, ya yi a 1917. Da aka nuna wa mutum 100 zanukan biyu, 59 suka fi son na na'ura, 28 kacal suka gane wanda kwamfuta ta yi.

A nan fa take, wai an danne bodari ta ka. Idan ido ya kasa rarrabewa, mene ne ya rage wa mai zane?

Amsar tana cikin sana'o'inmu na gargajiya. Mu dubi babbar riga mai aska takwas. Sau da yawa wani ne ke zana siffar a jikin yadi, wani kuma ya bi ta da allura da zare. Allura ba ta taɓa cin yabo ba, domin ba ta da niyya. Haka nan kwamfutar Noll: shi ya tsara mata iyakar da za ta watsa layuka, shi ya duba abin da ya fito, shi kuma ya zaɓa. Ruwa ba ya tsami banza. Bayan kowane kyakkyawan zane akwai wanda ya yanke shawara.

To amma wanda ya karɓi yabo, shi zai ɗauki alhaki. Mai zanen allon shago ko jikin babbar mota a Kontagora, makwabta sun san shi, kunyarsu kan hana shi zana ƙarya. Wanda ke bayan kwamfuta kuwa yana iya ɗora kan wani a gangar jikin wani, ya zubar masa da mutunci, sannan ya ce aikin na'ura ne. Wannan uzuri ba karɓaɓɓe ba ne, domin kowa ya ɗebo da zafi, bakinsa.

Saboda haka, ɗalibin fasaha ya rungumi kwamfuta ba tare da fargaba ba. Sai dai ya tuna cewa na'ura ta sauƙaƙe wa hannu aiki, amma ba ta sauke wa zuciya amana ba. Allah Ya sa mu dace.