BAITUL MUƘADDAS: MA'ANAR SUNAN DA ASALINSA

Godiya ta tabbata ga Allah wanda Ya fifita wasu wurare a kan wasu. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu, da 'yan'uwansa Annabawa, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, ya ku 'yan'uwa Musulmi, mu a nan Damagaram mun san ba a raɗa wa wuri suna a banza. An ce Birni saboda ganuwar da Sarki Tanimune ya kewaye shi da ita, an ce Zango domin nan ayari yake sauka. To, yaya sunan garin da Manzon Allah (SAW) ya fuskanta a salla wata 16 ko 17 bayan Hijira, aka kuma yi Isra'i da shi zuwa masallacinsa? Da yawanmu muna yi wa garin addu'a, alhali ba mu san ma'anar sunansa ba. Wasu kuma in suka ji an ce sunan yana da asali a Ibrananci, sai ransu ya ɓaci, kamar an ƙwace musu wani abu.

Mu sani Larabci da Ibrananci 'yan ɗaki ɗaya ne, kamar yadda Annabi Isma'ila da Annabi Isiyaku suke 'ya'yan Annabi Ibrahim. Bani Isra'ila suna kiran ɗakin ibadar da Annabi Sulaimanu ya gina "Bet ha-Miƙdash", wato ɗakin tsarki. Shi ne Larabawa suke cewa "Baitul Maƙdis", har sunan ya game garin duka. Tushen kalmar haruffa 3 ne: ƙaf, dal da sin, sai dai su suna furta shin inda Balarabe yake furta sin. Daga nan aka sami "Ƙudus", da "hadisin ƙudusi", da ƙasa mai tsarki da Annabi Musa ya umarci mutanensa su shiga a cikin Suratul Ma'ida.

Ɗaya sunan shi ne "Yerushalayim", wanda ake cewa Urushalima. Wannan ya girmi mulkin Annabi Dawuda, domin an same shi a rubuce, "Urusalim", a wasiƙun da sarkin garin ya aika wa Fir'aunan Masar a ƙarni na 14 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Masana harsuna sun fi karkata ga cewa ma'anarsa ta farko "harsashin Shalem" ce, wani abin bautar Kan'aniyawa. Daga baya masu kaɗaita Allah suka fassara shi da "garin aminci", saboda tushensa ɗaya da salama, da sallamar da muke yi a ƙofar gida, da Musulunci. Sunan Sulaimanu ma daga nan yake, sunan da Sarkin Damagaram Sulaimanu ɗan Tintuma ya ɗauka, da dubban 'ya'yanmu.

Masu ƙarfi sun gwada shafe waɗannan sunaye. Rumawa sun rushe ɗakin ibadar a shekara ta 70, sa'an nan sarkinsu Hadiriyan ya sake gina garin a ƙarni na 2, ya sa masa "Iliya", daga sunan gidansu. Da wannan suna garin ya zo a hadisin Abu Sufyan da Hiraƙla a Sahihul Buhari, da kuma takardar amanar da Sayyidina Umaru ya ba mutanen garin wajen shekara ta 16 bayan Hijira, inda ya amintar da rayukansu da dukiyarsu da majami'unsu. A hannun Musulmi sunan Iliya ya dushe, sunan tsarki ya dawo bakin jama'a. Ashe mu muka raya shi, don me za mu ji haushin asalinsa?

Alhazan ƙasashenmu da suka tafi Makka a ƙasa sun san darajarsa. Wasu sun zarce Ƙudus suka zauna, kuma jikokin Hausawa da Barebari da Fulani suna nan a unguwar 'yan Afirka, dab da ƙofar Masallacin Aƙsa da ake kira Babul Majalis.

Abin lura, ya 'yan'uwa, shi ne Allah Ya jera sunayenSa biyu, Alƙuddusu da Assalamu, a ƙarshen Suratul Hashri, tushensu kuma ɗaya ne da na sunayen garin nan. Wanda yake son Ƙudus da gaskiya, sai a ga tsarki a zuciyarsa da mudunsa, a ga aminci tsakaninsa da maƙwabcinsa. Ba ya kyautuwa mu yi kukan zaluncin da ake yi a can, mu dawo muna cin gonar maraya a nan, ko muna gaba a sahu ɗaya saboda saɓanin malamai. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Mu koya wa yaranmu waɗannan sunaye a makarantun allo da na Islamiyya. Allah Ya kai ɗauki ga waɗanda ake zalunta, Ya mayar da aminci garin aminci, Ya tsarkake zukatanmu. Amin.

Wassalamu alaikum wa rahamatullah.