Makullin bogi da amanar mutanen Korahane

Malamin lakwal ko sakataren ƙungiyar manoma a Korahane da ya sayi kwamfuta a Dakoro ko Maraɗi, galibi yakan tarar da Word da Excel suna aiki a ciki, babu rasit, babu lasisi. Mai gyara ne yakan "buɗe" su da wata manhaja irin KMSpico, wadda ke ruɗin Office ta ɗauka an biya. Da kuɗin halal aka sayi na'urar. To, abin da ke cikinta fa?

Hujjar da aka fi ji daga masu halatta shi tana da nauyi. Microsoft ba zai talauce don ɗan ƙauye ba, kuma wanda ya kwafa bai raba kowa da kayansa ba, ba kamar ɓarawon akuya ba. Magabatan Hanafawa ma ba su ɗauki amfani tsagwaronsa a matsayin dukiya ba. Amma Malikiyya, wadda ita ce mazhabar ƙasar nan, ta ɗauke shi. A shekarar 1988, a zamanta na Kuwait, Majalisar Fiƙihun Musulunci ta Duniya ta yanke cewa haƙƙin wallafa da na ƙirƙira shari'a ta kare su, ba ya halatta a keta. Dokar ƙasa ma nan ta dosa: Nijar na cikin ƙungiyar OAPI da yarjejeniyar Bangui ta 1977 ta kafa, kuma tana da hukumar BNDA mai kula da haƙƙin mawallafa.

Sai dai haƙƙin da ya fi kusa ba na kamfanin Amurka ba ne. Kafin makullin bogin ya shiga, yawanci sai an kashe garkuwar kwamfuta, a sallama masa na'urar baki ɗaya. A 2021 kamfanin tsaro na Red Canary ya gano KMSpico na jabu ɗauke da CryptBot, mai kwashe kalmomin sirri daga na'urar mutum. Abin tsoron shi ne Office ɗin yakan buɗu lafiya lau, mai shi yana murna, ana yashe shi ta baya.

Me ke cikin irin wannan kwamfuta? Sunayen ɗalibai da sakamakon jarrabawarsu, lambobin wayar matan da ke adashi, lissafin buhunan geron da ke bankin cimaka. Waɗannan ajiya ce ta mutanen da ba a shawarce su ba. A fiƙihu, mai riƙon ajiya ba ya biya idan ta salwanta, sai in ya yi sakaci, kuma da wuya a kira kashe garkuwa da hannunka da wani suna daban.

Saura batun larura. Larura tana sassauta hukunci ne idan babu mafita, a nan kuwa akwai. LibreOffice kyauta ce, masu ita sun yarda a kwafa a raba, tana aiki ba intanet, tana da Faransanci, tana buɗe takardun Word da Excel. Tsarin shafi kan ɗan goce wani lokaci, hannu kuma sai ya saba. Mai gyaran da ya iya saka makullin bogi zai iya saka ta daga filash guda, idan mai kwamfutar ya ce ita yake so.