Amanar Mai Tsaron Tsofaffin Hotuna

Duk wanda ya tambayi tsofaffin Ƙaura Namoda, ko Shinkafi, ko Zurmi, za su ba shi labarin majigi. Mota ce ta kan zo gari, a kafa farin ƙyalle a fili bayan almuru, a nuna wa jama'a noman gyaɗa da auduga da tsabtace rijiya. Turawa sun kafa ma'aikatar shirya irin waɗannan fina-finai a Ingila cikin 1939. Majigi ya wuce, amma fina-finan ba su ɓace duka ba. Waɗansu suna Ingila, waɗansu suna Jos, a hannun Hukumar Fina-finai ta Nijeriya wadda aka kafa cikin 1979.

Akwai mutanen da aikinsu ke nan, watau tsaron waɗannan fina-finai. Aiki ne mai wuya, gama zafi da laima su kan sa fim ya yi warin tsami ya lalace. Amma yana da amfani. Fim ɗin Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya cikin 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya daɗe ba a ganinsa. Cikin 2016 aka gano shi a ma'ajiyar hukumar nan, aka gyara shi a Jamus, aka sake nuna shi cikin 2018.

To, ga tambaya. In mai shirya fim na zamani ya zo neman hoton dā, ya biya kuɗi aka ba shi, shi ke nan mai tsaro ya sauke nauyi?

Bari mu yi misali. Jirgin ƙasa ya iso Ƙaura cikin 1929, nan hanyar da ta taso daga Zariya ta ƙare. A ce an ɗauki leburori suna loda buhunan gyaɗa a tasha. Bayan shekaru wani ya yanki wurin ya sa cikin nasa fim, ya ce ga mutane suna wawar abinci lokacin yunwa. Hoton gaskiya ne, maganar ƙarya ce, mutanen kuwa sun riga mu gidan gaskiya, ba su da bakin musu.

Wani zai ce maƙeri ba ruwansa da abin da aka yanka da wuƙarsa. Amma wuƙa ba ta ba da shaida, hoto kuwa shaida ne. Alƙali ba ya karɓar shaida sai ya san mai ba da ita. Saboda haka wajibi ne mai tsaro ya ba da hoto tare da asalinsa: wa ya ɗauka, a ina, yaushe, kuma don me. Na ƙarshen nan shi ne babba, gama mai ɗaukar majigi abin da Gwamnati ta ke so a gani shi ya ke ɗauka, wani lokaci ma shirya mutane a ke yi.

Wani kuma zai ce a kulle su mana, a huta. Wannan ma cin amana ne, gama dukiyar jama'a ce. Yaron da ya tashi a Zurmi ko Shinkafi cikin shekarun 'yan bindiga, yana da hakkin ya ga ƙasarsa sa'ad da fatake su ke tafiyar dare ba fargaba. Wanda ya ga haka ya san zaman lafiya ba tatsuniya ba ne.

Kai mai karatu, da ka koyi rubutu da girmanka, kai ma mai tsaro ne. Ɗauko hoton mahaifinka, ka rubuta sunansa da garin da shekarar a baya, tun waɗanda suka sani suna da rai. Allah ya ba mu ikon riƙon amana, amin.