Shaidu Biyu Adalai a kan Haske

 

Ya ƴan uwa, mu ƙaddara ga alƙali zaune, an kawo masa shaidu biyu, kowannensu adali ne, ba a taɓa kama shi da ƙarya ba, kuma babu mai wata riba cikin shari'ar. Na farko ya faɗi abin da ya gani, na biyu ya faɗi abin da a zahiri yake rushe maganar na farko. Aka raba su, aka juya musu tambaya, kowa yana nan kan bakansa. Me alƙali zai yi? Hanya mafi sauƙi ita ce ya kori wanda bai kwanta masa a rai ba, ya yanke hukunci, a watse. To, irin wannan shari'a ce ta faɗo wa masana kimiyya a kan abin da babu wanda ya kai shi bayyana a idanunmu, wato haske.

Tun kafin Turawa su shiga wannan bincike, Hasan Ibnul Haisam, mutumin Basra da ya rasu a Alƙahira wajen shekara ta 1040, ya kafa hujja cikin littafinsa Kitabul Manaziri cewa gani yana samuwa ne idan haske ya taso daga abu ya shiga ido. Abin da ya rage shi ne: shi hasken kansa mene ne? A 1690 wani masani ɗan ƙasar Holand, Huygens, ya ce haske kaɗawa ce mai yaɗuwa, irin igiyar ruwa da ke bazuwa idan aka jefa dutse cikin tabki. A 1704 Newton na Ingila ya fitar da littafinsa kan haske, ya karkata ga cewa ƙwayoyi ne ƙanana masu tafiya a miƙe. Da yake Newton ya fi suna, maganarsa ta rinjaya kusan shekara 100. A nan ma akwai abin lura: girman mai magana kan rufe bakin tambaya, ko a wurin mutanen da ke cewa hujja kaɗai suke bi.

Shaida na farko ya shigo a farkon ƙarni na 19, ta hannun wani likita na Ingila, Thomas Young. Idan aka bi da haske ta ƴan tsagu biyu siriri, kusa da juna, ya faɗa kan bango, ba tabo biyu ake gani ba. Layuka ake gani, na haske da na duhu, jere suna maye wa juna. Ka tsaya nan ka yi tunani, ya mai karatu: haske ya haɗu da haske, sun haifi duhu. Tsakuwa a kan tsakuwa ba ta taɓa zama babu. Amma igiyar ruwa biyu, idan tudun ɗaya ya gamu da kwarin ɗaya, ruwa sai ya kwanta.

Majalisar masana kimiyya ta Faransa ta sa gasa kan haske, a 1818 wani injiniya mai suna Fresnel ya kawo lissafin da aka gina kan igiyar ruwa. Cikin alƙalan gasar akwai Poisson, gwanin lissafi, mabiyin ra'ayin Newton. Ya duba ya ce in dai lissafin nan gaskiya ne, to lalle a sami ɗigon haske a tsakiyar inuwar faifai zagayayye, wanda a ganinsa hankali ba zai karɓa ba. Abokin aikinsa Arago ya je ya gwada. Ɗigon yana nan. Hujjar da aka kawo don rushe magana ita ta tabbatar da ita. Da Maxwell ya zo a 1865 ya nuna cewa haske kaɗawa ce ta ƙarfin lantarki da na maganaɗisu, sai kowa ya ɗauka an rufe shari'a.

Ba a rufe ba, domin shaida na biyu yana tafe. Tun 1887 Hertz na Jamus ya lura cewa wani irin haske, idan ya sauka kan ƙarfe, yana taimaka wa lantarki ya fito. Da aka zurfafa bincike sai aka ga abin mamaki. A kan wasu ƙarafa, jan haske kome yawansa ba ya fitar da ƙwayar lantarki ko ɗaya, alhali hasken da ke gaba da shuɗi, wanda ido ba ya gani, ko kaɗan ne yana fitar da su nan take. A 1905 Einstein, yana ma'aikacin ofis a birnin Bern na ƙasar Suwis, ya ce haske yana sauka ne ƙwaya ƙwaya, kuma ƙarfin kowace ƙwaya ya danganta ga launinta. Misalinsa yaro mai jifan mangwaro: ya watsa masa tiya guda ta gero ba zai faɗo ba, dutse ɗaya mai nauyi ya ishe shi. Waɗannan ƙwayoyi su aka raɗa wa suna foton daga baya.

A nan ne na fi so mu daɗe, don a nan ɗabi'ar mai neman gaskiya ke fitowa. Wani masani Ba'amurke, Millikan, bai yarda da maganar Einstein ba ko kaɗan. Ya yi shekaru a birnin Shikago yana auna abin, yana tsammanin zai kama kuskure. Awonsa ya fito daidai da lissafin Einstein. Ya buga sakamakon a 1916 kamar yadda ya same shi, bai rage ba, bai karkatar ba, alhali a wannan lokaci zuciyarsa ba ta karɓi zancen ƙwayoyin ba. Mutum nawa ne cikinmu zai yi wahalar shekaru don kayar da abokin gardama, ya tarar da hujja tana wajen abokin, sannan ya fito da ita da hannunsa? Mu da gardamar kan iyakar gona kan raba mu da ɗan uwa shekara goma.

Daga nan abin ya ƙara faɗi. A 1924 de Broglie na Faransa ya ce ita ma ƙwayar lantarki tana da halin igiyar ruwa, aka gwada a 1927 aka same shi haka. J. J. Thomson ya karɓi kyautar Nobel a 1906 bayan ya gano wannan ƙwaya, ɗansa G. P. Thomson ya karɓa a 1937 don ya nuna halinta na igiyar ruwa. Uba da ɗa, gida ɗaya, kuma babu wanda ya yi kuskure cikinsu.

A 1986, a Orsay kusa da Paris, Alain Aspect da abokan aikinsa biyu suka aika haske foton ɗaya bayan ɗaya zuwa ga wani madubi mai raba haske hanya biyu. Da suka sa ma'auni a ƙarshen kowace hanya, foton yakan bayyana a nan ko a can, ba ya rabuwa. Da suka cire ma'aunan suka sake haɗa hanyoyin biyu, suka bari foton suka taru da yawa, sai ga alamar igiyar ruwa ta dawo, kamar kowane ɗaya ya san da hanyoyin duka biyu. Irin tambayar da aka yi wa haske ita ke zaɓar fuskar da zai nuna.

Sai a yi hattara da wani zamewa. Za ka ji wanda ya ɗan leƙa wannan ilimi yana cewa kimiyya ta tabbatar abu da kishiyarsa duk gaskiya ne, saboda haka kowa da gaskiyarsa. Wannan magana ba ta da tushe. Duk wanda ya zauna gaban malamin manɗiƙi ya san maganganu biyu ba su warware juna sai idan a kan abu ɗaya suke, a lokaci ɗaya, ta fuska ɗaya. Shaidunmu biyu ba tambaya ɗaya aka yi musu ba: na farko yana ba da labarin yadda haske ke yaɗuwa, na biyu yadda yake sauka. Kuma lissafi ɗaya ne, wanda aka fara ginawa daga 1925, yake faɗin abin da kowannensu zai gani, ba ya saɓa wa kansa. Ba shi nufin kuma kowa ya faɗi abin da ya ga dama, domin wanda ya ce ɗigon Arago babu shi, ƙarya ya yi, ko a Paris ko a Maraɗi.

Abin da ya gaza shi ne misalanmu. Igiyar ruwa daga tabki muka aro ta, ƙwaya daga rumbu, dukansu abubuwa ne daidai girman hannunmu da idonmu. Haske bai ɗauki alkawarin zama ɗaya daga cikinsu ba. A ganina alƙali nagari a irin wannan shari'a shi ne wanda ya riƙe shaidun biyu, ya koma ya binciki tambayar da ya yi musu, ko da hakan zai hana shi daɗin rufe magana da wuri. Masanan da kansu ba su daidaita kan fassarar abin ba. Bohr na Denmark ya ce a 1927 fuskokin biyu masu cika juna ne, Einstein kuwa ya rasu a 1955 bai gamsu cewa bayanin ya kammala ba. A kan awo da lissafi dai ba su da saɓani.

Wanda ke son ganin shaidun biyu wuri ɗaya, ya ɗaga kai ya dubi faifan hasken rana da ake kafawa bisa rufin masallatai da ɗakunan shan magani. Shuɗin da ke fuskar da yawa daga cikinsu wani shafe ne siriri ƙwarai, an auna kaurinsa da lissafin igiyar ruwa don kada haske ya koma baya. A ƙarƙashin shafen kuwa, hasken da ya baro rana minti 8 da ƴan daƙiƙu da suka wuce yana sauka foton bayan foton, kowane mai isasshen ƙarfi yana tayar da ƙwayar lantarki, har a sami wutar da ladan zai kira magariba da ita.